Adaftar da Yaya Ya Aiko

"Ni dai abin da na sani, Yaya ya ce sokawa kawai za a yi," in ji Auta. Tana tsaye a bakin ƙofa, hannu a ƙugu. "A soka ta a bayan kwamfutar, shi ke nan, sai ga shi ya fito."

"Ai na soka," in ji Injiniya.

"To ina yake?"

"Kwamfutar ba ta gane ta ba."

"Ba ta gane ta ba? Surukai ne su, da sai an gabatar da su?"

Inna ta yi dariya daga kan gado, irin dariyar nan tata ta hanci. "Ƙyale shi, Auta. Injiniya ne fa. Aikin manya ba a yi masa gaggawa."

Ya sake durƙusawa a bayan teburin, ya zare 'yar na'urar, ya hura bakinta, ya mayar. 'Yar aba ce baƙa, ba ta kai babban yatsa ba. Adafta ake ce mata, aikinta ta kamo intanet daga iska ta miƙa wa kwamfutar da ba ta da abin kamawa a cikinta. Kwamfutar ta yi ɗan ƙara, alamar ta ji an soka mata wani abu. Sai ta rubuta a ƙasan allo cewa ba ta san ko mene ne ba.

Shi ba injiniya ba ne. Fotokwafi yake yi a wani ɗan shago da ke ƙasan wani dogon gini, tsakanin mai yanka makulli da mai sayar da gilashin ido. Sunan ya samo shi ne tun yana yaro, ranar da ya kwance rediyon mahaifinsu don ya ga masu maganar da ke ciki, ya kasa mayarwa. Yayansu ne ya raɗa masa don tsiya, sunan kuma ya bi shi kamar jela. Yaya ya yi karatu, ya samu hanya, ya ƙetare teku. Shi kuwa ya ajiye makaranta a shekarar da mahaifinsu ya kwanta ciwo, don dole wani ya zauna. Da aka binne uban sai uwar ta fara nata. An taɓa sa masa rana da wata yarinya mai ɗinki. Aka ɗaga saboda Inna tana asibiti, aka sake ɗagawa, har yarinyar ta gaji da jira. Yanzu yakan ga 'ya'yanta suna wucewa makaranta ta gaban shagon.

A gida duk abin da ke da waya nasa ne. Dutsen guga, fanka, tocila, har famfon da ba ruwansa da lantarki. In ya gyara aka ce da ma ba wani abu ba ne. In abin ya ƙi aka ce Injiniya ya taɓa.

Ciwon suga ne ya ci idon Inna. Ba yana ba ce da za a kankare, likita ya faɗa masa haka a tsaye a bakin ɗakin gwaji, yana duba agogo. Abin da ya rage na ganinta kaɗan ne, kuma ba zai daɗe ba. Manyan abubuwa take gani yanzu, da abin da haske ya daka. In an kira Yaya a waya aka kai mata har kan hanci, sai ta ce ita ba ta ga komai ba sai wani ɗigo mai motsi. Rabonta da fuskar ɗan farinta tun Auta tana 'yar makaranta, ga Auta yanzu da goyo.

Injiniya ya gaya wa Yaya maganar likita yadda take. Ya zaci zai ce ga shi nan tafe. Sai ga kwali ya iso a maimakonsa: tsohuwar kwamfutar tebur da aka daina amfani da ita a wurin aikinsu, da allo mai faɗi kamar taga, da 'yar kamara mai maƙalawa a sama, da adaftar nan a cikin ɗan fakiti. Ma'aikaciyar jinyar da ke zaune a samansu ta ce su riƙa jan waifai ɗinta, wato intanet ɗin iska, ba komai. Saura dai kwamfutar ta kama. In ta kama, Inna za ta ga ɗanta da girman fuskarsa kafin duhu ya gama rufewa.

Injiniya ya ɗauki fakitin ya juya shi. A bayansa akwai zanen adaftar, da zanen wani ɗan faifai kusa da ita.

"Akwai ɗan faifai a cikin nan," ya ce. "Ƙarami, kamar murfin kofi. Wa ya buɗe kwalin?"

"Ni da Inna. Ban ga wani faifai ba," in ji Auta.

"Direban yana ciki. Shi ne abin da ake ɗora wa kwamfutar ta san yadda za ta yi magana da adaftar. In babu shi, ko shekara za ta yi a soke ba za ta kama komai ba."

"Ka ji ko, Inna? Yanzu kuma faifai ne. Gobe zai ce sai an sayo tukunya."

Inna ta juya fuska bango ta ja mayafi.

Ya aika wa Yaya saƙo. Amsar ta zo bayan an kwana: yana ciki, ni da kaina na gani, ka duba da kyau, kai kullum haka kake. Ya zazzage kwalin, ya leƙa ƙarƙashin gado, ya tona kwandon shara har ƙasa. Babu.

Abin da ya fi ƙona masa rai shi ne ladabin kwamfutar. Duk sa'ad da ya soka adaftar sai ta tambaye shi, ko yana so ta nemo direban a intanet? Intanet ɗin da ake nema. An kulle ɗaki, makullin yana ciki, ɗakin kuma yana tambayarka ko ya miƙo maka.

Sai ya koma nema a shago. Mai shagon yana da kwamfutar da ake buga wa mutane takardu, in ba kowa sai Injiniya ya ja kujera. Matsalar ita ce adaftar ba ta da suna. Ba sunan kamfani a jikinta, ba a fakitin, sai wasu 'yan lambobi waɗanda da ya rubuta su ya gane suna jikin kowace adafta a duniya. Shafuka suka yi ta buɗewa, kowanne da ƙaton koren maɓalli yana cewa danna nan. Ya danna. Ya sauke abin da ya sauka, ya zuba a filash, ya kai gida da rana lokacin ɗiga wa Inna maganin ido. Ya ɗora na farko, ba abin da ya faru. Ya ɗora na biyu, kwamfutar ta yi nauyi kamar an ɗaura mata dutse. Na uku ma ba direba ba ne, wani abu ne da ya kafa tuta a tsakiyar allo yana ihu cewa kwamfutar tana da cututtuka masu yawa, shi kaɗai ke da maganinsu.

"Ga shi nan," in ji Auta, tana jijjiga ɗanta. "Lafiya lau ta zo daga ƙasar waje, ta shigo hannunka ta kamu da ciwo."

Mai shago ma ya fara gunaguni. Wata rana wani mutum ya tsaya da takardunsa har ya gaji, ya buga kanta da hannu.

"Malam mai hoto, aiki kake ko kallo?"

"Yi haƙuri, ranka ya daɗe. Gaba da baya?"

"Gaba da baya. Ka ga mutum da furfura yana wasa da kwamfuta."

Ya karɓi takardun ya ɗora a gilashi. Hasken injin ya bi ta ƙarƙashin murfi ya dawo, ya bi ya dawo. Shekaru ke nan yana tsaye a wannan wurin, yana fitar da kwafin shaidar karatun mutane, da ta aurensu, da ta tafiyarsu. Ya san nauyin takarda da yatsa, ya san lokacin da injin zai cije tun kafin ya cije. Ba wanda ya taɓa tambayarsa wannan.

Ranar da ya ga faifan, ya dawo ne da wuri don an ɗauke wuta a ginin. Auta ta fita. Ya tura ƙofar ɗakin a hankali, yana zaton Inna barci take. Sai ya same ta zaune a bakin taga, gwangwanin da take ajiye 'yan kayanta a buɗe a cinyarta, makullai da allurai da 'yan kunnen da suka rasa 'yan'uwansu. A hannunta ɗan faifan ne. Tana juya shi a cikin rana, launuka suna gudu a kansa, ja da kore da shuɗi, tana bin su da ido, bakinta a ɗan buɗe kamar yarinya.

Ya ƙarasa shiga ɗakin.

"Inna."

Ta yi sauri za ta tura shi ƙarƙashin zani, sai ta fasa.

"Inna, wannan fa shi nake nema."

"Na sani."

"Kin sani?"

"Kurma ce ni? Ido na rasa, ba kunne ba."

"Kina ji ina tona shara."

"Duk abin da ya shiga hannunka ba ya dawowa yadda yake. Ina rediyon ubanku?" Ta damƙe faifan. "Yayanku ne ya aiko mini. Duk cikin tarkacen nan, wannan ne kaɗai nake gani da kyau. Sauran duk baƙaƙe ne."

Ya zauna a ƙasa kusa da ƙafarta, kamar yadda yake yi in zai yanke mata farce. Ya ce mata ba cinye shi kwamfutar za ta yi ba, karantawa kawai za ta yi ta tofo shi. Ya ce in ta ba shi, yau ɗin nan za ta ga Yaya, ba launuka ba. Da ƙyar ta buɗe hannu.

"Ka dawo mini da shi yadda na ba ka."

Tun kafin ya sa shi ya san an gama. Ya karkata shi a haske, ƙasan duk zane ne, makullai da allurai sun yi masa rubutu iri-iri, ga kuma inda ta yi ta gogewa da bakin tawul don ya ƙara ƙyalli. Ya dai sa. Faifan ya juya, ya yi gurnani, ya tsaya, ya sake juyawa kamar mai neman hanyar fita. Kwamfutar ta ce a saka faifai. Ya fitar, ya goge da rigarsa, ya mayar. Haka dai.

Ya miƙa mata abinta.

"Ya yi?"

"Bai karantu ba, Inna. Ya goge."

Ta shafa shi da yatsa ta kai kusa da ido. "Ka gani ko? Ai na faɗa. Da lafiyarsa na ba ka."

Washegari ya sa adaftar a aljihu ya gangara ƙarƙashin matakalar gininsu, inda Anti mai gyara take. Ya daɗe yana kauce wa zuwa wurinta. Kowa a ginin ya san a gidansu Injiniya ake ce masa, ita kuma bakinta ba linzami. Mace ce mai jiki, gilashi a kan hanci, teburinta cike da cikin kwamfutoci a buɗe. Tana cikin kwance wata ba ta ɗago ba.

"A'a, yau Injiniya da kansa? Mu da muke cin arzikinku?"

"Anti, bari kawai. Ruwa ya ƙare wa ɗan kada."

Ya ajiye adaftar a gabanta ya ba ta labari, ya tsallake maganar gwangwani. Ya ce faifan ya lalace, shi ke nan. Ta ɗauki abar ta juya ta a yatsu.

"Me ka rubuta ka nema?"

"Lambar da ke jikinta."

"Riga ka tambaya, ba mutum ba. Waɗannan duk a riga ɗaya suke zuwa. Masu yin su yau su sa wannan zuciya a ciki, gobe su sa wata, rigar ba ta canjawa. Kai kana ta nemo wa riga direba. Matso nan."

Ta soka ta a tata kwamfutar. Ta buɗe wani wuri inda kwamfuta take jera duk abin da ke jikinta, ta nuna masa layi ɗaya mai alamar rawaya.

"Ka ga marainiyar nan? Ita ce. Kwamfuta ba ta san sunanta ba, amma ta san lambar da aka haife ta da ita. Danna nan. Sai nan. Yanzu karanta mini."

Ya karanta: haruffa da lambobi kashi biyu. Ta ce kashin farko na wanda ya ƙera zuciyar ne, na biyu na irin zuciyar. Ta rubuta su a wurin nema. Shafukan masu ƙaton kore suka sake fitowa, ta wuce su ba ta ko kalla ba.

"Duk wanda ya cika yi maka ihu danna nan, ba alheri ya kira ka ba. Na gaskiya yana can ƙasa, ƙanana, ba ya talla."

Ta samo shafin masu ƙera zuciyar, ta tambaye shi kwamfutar tsohuwa ce ko sabuwa. Ya ce tsohuwa. Ta sauke iri biyu ta zuba masa a filash, in wannan ya ƙi ya gwada wancan.

"Ka ji da kyau. Ka fara kwashe sharar da ka zuba mata, har mai ihun nan. Ka zare adaftar kafin ka ɗora, kar ka bar ta a soke. In ya gama ka kashe kwamfutar ka kunna, sannan ka soka. Mutane gaggawa suke yi su soka tun farko, sai kwamfutar ta ɗauki wani abu daban ta manne masa." Ta cire gilashi ta dube shi. "Wa ake yi wa wannan wahalar?"

"Innarmu. Tana so ta ga yayanmu."

"Ba ta da lafiya ne?"

"Ido ne. Yana tafiya."

"Shi yayan ba jirgi a garinsu?"

"Aiki ya yi masa yawa."

"Uhm." Ta mayar da gilashin ta ɗauki abin kwance sukurunta. "Ido wa ka raina, ya ce wanda nake gani kullum. Je ka, kar mai shagonku ya zo ya yi mini tsaye."

Da rana ya bi maganarta daki-daki. Ya kwashe sharar. Ya zare adaftar ya ajiye a kan tebur. Iri na farko ya ƙi, ya ce ba na wannan kwamfutar ba ne. Na biyu ya kama hanya, wani koren layi yana rarrafe daga hagu zuwa dama, ya tsaya a tsakiya har Injiniya ya fara jin zufa a bayansa, sannan ya ƙarasa. Ya kashe, ya kunna. Ya durƙusa a bayan teburin, ya yi bisimilla, ya soka.

Wata 'yar fitila shuɗiya da bai ma san tana jikin adaftar ba ta kama ƙiftawa. Ya ɗago. A ƙasan allo sunaye sun jeru, duk waifai na maƙwabta, na ma'aikaciyar jinya a sama. Ya sa kalmar sirrin da ta ba shi. Ta haɗu.

Ya juya da murmushi har kunne. Auta tana ninke kayan ɗanta.

"Ta kama," ya ce.

Ta leƙo, ta ga adaftar a soke a inda take tun ranar farko. "To ai abin da Yaya ya faɗa ke nan. Sokawa kawai. Kai ne ka yi ta kewaye-kewaye."

Yaya ya sa rana ya ɗaga, ya sake sawa ya ɗaga. Kowace safiya in Injiniya zai ɗiga wa Inna magani yakan ɗaga yatsu a gabanta ya ce nawa ne, ita kuma ta ce ya daina mai da ita 'yar makaranta. Ya lura ta daina fito da faifan. Bai tambaya ba, ya san dalili: launukan ma sun fara ɓace mata.

Ranar da Yaya ya tsayar, Injiniya ya roƙi mai shago ya fito da hantsi. Ya tarar Inna ta yi wanka, ta sa zanin da take ajiya a ƙasan akwati, ta fesa turare har ɗakin ya ɗauka.

"Inna, ƙamshi ba ya bin waya," in ji Auta.

"Ke dai rufe mini baki."

Ya ja kujera ya zaunar da ita dab da allon. Ya yaye labulen taga gaba ɗaya don Yaya ya gan ta da kyau. Ya tsaya a gefenta ya sunkuya, kansa kusa da nata, hannunsa a kan maus, rana tana dukansa a fuska. Ya danna kira.

Aka yi ta ƙara. Sai muryar Yaya ta cika ɗakin, da ƙugin motoci a bayanta.

"Inna! Inna, kina ji na?"

"Ina ji, ɗan albarka, ina ji. Kana ina?"

Allon baƙi ƙirin ne daga wannan gefe zuwa wancan. Injiniya ya duba fitilar adaftar, tana ƙiftawa lafiya lau.

"Yaya, kunna kamararka. Ba ma ganinka."

"Kai, tuƙi nake, wayar tana aljihun gaba. An kira ni wani wuri ne ba shiri. Ai murya ma ta isa yau, wani lokacin a yi na gani. Ashe dai ka iya haɗawa? Lallai yau Injiniya ya yi abin kai."

"Yaya, likita ya ce..."

"Ku yi mini shiru," in ji Inna. Ta matso har numfashinta yana taɓa gilashin. "Na gan shi."

Injiniya ya dubi allon. A cikin baƙin gilashin akwai fuska, rana ta haske ta sosai. Kumatu sun faɗa, furfura ta cinye gefen kai, goshi da layuka. Tasa ce. Ita Inna tana cikin inuwarsa, tata ba ta fito ba.

Ta ɗaga hannu ta ɗora a kan gilashin, daidai kuncin.

"Wayyo ɗana. Haka ka koma? Dubi yadda ka rame. Dubi idonka yadda ya zurma."

Yaya ya yi dariya daga can. "Wace irin rama, Inna? Ƙiba ma na yi, har wanduna sun ƙi ni."

"Ƙarya kake, ga ka ina gani. Har furfura. Yaushe ka tsufa haka ban sani ba? Wa ke ba ka wahala? Ba ka barci ne? Ba mai dafa maka abinci?"

Auta ta buɗe baki. Injiniya ya girgiza mata kai. Fuskar da ke cikin allon ma ta girgiza.

"Kar ka girgiza mini kai," in ji Inna, muryarta ta karye. "Ni na haife ka. Na san fuskar wanda ya gaji in na gan ta. Duk saboda mu ne, na sani. Ka ɗauki kayan da ya fi ƙarfinka ka yi shiru, ba ka taɓa faɗa ba. Allah ya yi maka albarka. Allah ya ba ka masu yi maka yadda ka yi mini."

"Amin, Inna, amin," in ji Yaya. Aka ji ya danna wa wani hon.

Injiniya bai motsa ba. Bayansa ya fara ciwo, wuyansa ya ƙage, ranar tana ƙona masa kunne. In ya miƙe, fuskar za ta fita daga allon. Ya tsaya a sunkuye, yana kallon yatsun uwarsa suna shafa gilashi, suna bin goshin, suna saukowa ta gefen hanci. Tun yana yaro rabon da hannun nan ya bi fuskarsa haka, ko da ta bayan gilashi ne. Ya yi ƙoƙari kada idonsa ya kawo ruwa, don kar ta gani ta ce Yaya yana kuka.

Yaya ya ce ya iso inda za shi, sai an jima. Ƙarar ta yanke. Injiniya ya miƙe a hankali, yana dafe da ƙugu.

Auta ta ɗauki ɗanta ta fita ba ta dubi kowa ba.

"Alhamdu lillahi," in ji Inna. "Na gan shi. Ko yanzu idon ya rufe, na gan shi." Ta share fuska da bakin mayafi, ta juyo inda take jin numfashinsa. "Kai kuma ka ga ɗan'uwanka? Ka ga yadda neman abin da za mu ci ya mai da shi? Kana nan kana kwana a inuwa, ɗan abin da ya aiko a soka ma sai da ka ja mana rai."

"Na gani, Inna."

"Ka dai gani. Ja mini labulen nan, hasken ya ishe ni. Maganin safe ma ya ƙare tun jiya, sai na yi ta faɗa?"

Ya ja labulen. Ya kashe kwamfutar, 'yar fitilar shuɗiya ta ƙifta ta mutu. Bai zare adaftar ba. Ya ɗauki kwalbar maganin da ta ƙare daga kan taga don ya nuna wa mai kemis, ya sa a aljihu, ya zura takalmansa a bakin ƙofa. In ya yi sauri zai biya kemis ya isa shago kafin masu takardun rana su taru. Ya ja ƙofar a hankali ya gangara matakala.